Lambar Sata a Shagon Hoto

Zuwa ga Auta,

Bayan gaisuwa da fatan kana lafiya. Tunda ka daina ɗaga wayata, to ga takarda, in ga ta inda za ka kashe ta.

Manhajar nan da ka saka mana a shagon hoto, wadda ta haɗa kwamfutocinmu uku muke miƙa wa juna aiki ba sai da filashi ba, ta yi mana aika-aika. Ranar Litinin ko hoto ɗaya ya ƙi buɗuwa. Mai gyara ya ce lambar lasisin ta sata ce, ƙwayar cuta ta biyo ta, ta bi layi ta kulle komai. Ya tambaye ni wane gwani ne ya kashe antibairos. Na haɗiye bakin cikina ban ambaci sunanka ba, hannunka ba ya ruɓewa ka yanke ka yar.

Masu hotuna suna ta sintiri, wannan zan ji da shi. Tambayata ɗaya ce: faifan ajiyar da na ba ka, mai hotunan marigayiya Inna, yana wurinka ko? Ka san na takarda, gara ta cinye su. Baba ya ce in wanke masa ɗaya babba ya rataya a ɗakinsa.

Ka huta lafiya,
Yayarka

*

Yaya,

Ina gaishe ki da girmamawa. Wallahi kunya ce ta hana ni ɗaga wayar. Amma a yi adalci mana. Ranar da na ce a sayi ta gaskiya, me kika ce? "Kai da ake kuranta ka iya kwamfuta?" Kuma kowa haka yake yi. Lambar ba ta shiga sai an kashe antibairos na minti biyar. Ina cikin yi kika ƙwala mini kira in ɗauki wani hoton fasfo, shi ke nan na manta ban kunna ba.

Maganar faifai kuma, sai mun haɗu.

Ƙaninki

*

Auta,

Gaisuwa. Na faɗa, ban musa ba, kuma na ga araha ba ta ado. Amma "sai mun haɗu" ɗin nan naka ya tsaya mini a rai. Yau na janye teburin bayan kanta, sai ga faifan a ƙasa cikin ƙura, jone da kwamfuta. Mai gyara ya gwada har sau uku, ya miƙo mini ba tare da ya kalle ni ba.

Na ce ka kai shi gida ka kulle a akwati. Uban wa ya ce ka jona shi?

Yayarka

*

Yaya,

Ina gaisuwa. Kullum sai kin ce in turo miki hoton Inna. Na ce bari in jona shi, ki riƙa ganinta ta kowace kwamfuta. Daɗi na so in yi miki. Na wayata ma na goge, tunda a ganina suna wuri mai tsaro. Tun Litinin ko abinci ba ya shiga.

Don girman Allah kada ki gaya wa Baba.

Ƙaninki

*

Auta,

Ban gaya masa ba. Jiya ya sayo firam, ya buga ƙusa da hannunsa. Na ce masa hoton yana wurinka, ranar Asabar za ka zo.

Allah ya kawo ka lafiya.

Yayarka