Takwara a Bakin Ƙofa

Wamuyu 'yata,
Gaisuwa mai yawa daga Nyeri. Ya zafin Mombasa? Mu nan sai ruwan sama da ciwon gwiwa.
Intanet ɗin gidan nan ya zame mini alaƙaƙai. Na duba inda kika nuna mini, na tarar da baƙi biyu suna hawa duk ranar Lahadi da yamma. Ɗaya waya ce marar suna, ɗayar kuma an rubuta Nyokabi. Sunana fa, ni da wayata ɗaya tal, ita ma fuskarta a fashe. Matar fasto ta ce haka ɓarayi ke farawa. Hankalina ya tashi.
Mahaifiyarki.

Mama,
Ina gaida ki. Kalmar sirrinku sunan marigayi Baba ne tun fil azal, wa bai sani ba? Ki canja ta yau, ki huta.
Taki, Wamuyu.

Wamuyu,
Ya gida? Na canja, sun ɓace. Sai dai mai sayar da ganye a bakin titinmu ta tambaye ni ina farar motar da ke tsayawa jikin katangata, wani mutum a ciki da ƙaramar yarinya. Ta ce bai taɓa fitowa ba.
Mahaifiyarki.

Mama,
Bayan gaisuwa, ki zauna kafin ki karanta. Yaya Kamande ya kira ni. Tun ranar da kika ce ya zaɓa, ko ke ko matarsa, bai ƙara taka gidan ba, amma wayarsa ba ta manta kalmar ba. Yakan zo ya kasa ƙwanƙwasawa, sai ya haɗa wa 'yarsa kwamfutar hannunta ta yi wasa. 'Yar fari ce, kin san kuwa a al'adarmu sunan mahaifiyarsa ake ba 'yar fari ta ɗa namiji.
Ran nan wayar ta ƙi hawa. Yarinyar ta ce, "Baba, Kaka ta kulle mu." Ya ce mini ya ɗauka amsarki ke nan, ya kuma karɓi aiki a Juba, can Sudan ta Kudu. Ni na ba ki shawarar, Mama, abin yana cina.
Taki, Wamuyu.

Wamuyu,
Na gaishe ki. Na mayar da sunan babanku. Jiya Lahadi na dafa githeri, masara da wake, da yawa, na bar ƙofa a buɗe, na zauna ina duba wayar. Nyokabi ɗaya ce a kai, ni.
Ki faɗa masa kalmar tana nan yadda ya bar ta.
Mahaifiyarki.