Fuskar da Ba Ta Motsi

Talata da dare, unguwar Mansur, Makka

Ƙanwata Hajara da ke Damagaram ta turo mini fim ɗin wata Bafaranshiya, wai in na gani zan tuna da kaina. Da na sani ban buɗe ba.

Shekara da shekaru matar nan tana ƙananan finafinai, ta ƙi manyan kamfanoni. Ba kwalliya, ba ihu. A fim ɗin mijinta ya bar ta, sai kawai ta tsaya tana wanke tukunya, fuskarta ko motsi babu. Wai a kan wannan aka ba ta lambar yabo.

Ni kuwa a kan wannan Malam Sani, shugabanmu, ya cire ni daga ƙungiyarmu ta wasan kwaikwayo a can gida. Ya ce, "Rabi, in ba ki faɗi ƙasa kin yi kururuwa ba, wa zai san kina baƙin ciki?"

Yau mudir, wato manajanmu, ya zage ni a kicin ɗin otal gaban kowa, a kan kofin da ba ni na fasa ba. Na ce "tayyib", wato "to", na ci gaba da wanke-wanke. Ko ƙiftawa ban yi ba. Ba wanda ya tafa mini.

Ita kuwa Bafaranshiyar, wallahi, ko soso ba ta iya riƙewa ba.