Kyandir Goggo Ta Goga, Ɗakin Mai Kuwa Ba Zan Rufe Ba

Zuwa ga Yayana,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa irin ta ƙani ga wansa, ina fatan wannan takarda za ta same ka cikin ƙoshin lafiya, kai da iyalinka. Allah Ya ƙara maka ƙarfin jiki, Ya rufa maka asiri a inda kake, Ya dawo mana da kai lafiya. Mu nan sai godiya. Inna ta samu sauƙin ciwon gaɓoɓin nan, tana iya riƙe kofi da kanta, sai dai yatsun ba sa lanƙwasuwa da safe. Auta ta koma makaranta, ta yi tsawo har tana neman wuce ni, kuma bakin nan nata yana nan yadda ka bar shi. Goggo ma tana nan, amma ta rage surutu, kuma yanzu za ka ji dalili.

Yaya, saƙonka ya iso ni ta bakin Baffa. Ya ce ka ce in rufe ɗakin da muke haɗa man shafawa, in bar masa ya zuba tayoyinsa, ni kuma in taho wurinka ka samo mini aikin gadi. Na gode da ka tuna da ni. Amma ba zan ɓoye maka ba, ba zan rufe ba, kuma ba zan taho ba. Kai ne babba tun da Baba ya rasu, ban taɓa tsallake maganarka ba, sai dai wannan hukuncin ka yanke shi ne da kunne ɗaya. Waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi, don haka ka yi haƙuri ka ji nawa.

Ka san yadda Inna take yin man nan tun muna yara, mai zalla, a narka a zuba a kwalba. Yana da kyau, amma mata sun daina so, sun ce yana da nauyi, yana ɓata musu kaya. Abin da suke nema shi ne mai laushin nan fari da ke shigewa fata. Shi kuma rabinsa ruwa ne, kuma kai ma ka san ruwa da mai ba sa ga maciji. Ko ka wuni kana kaɗawa, kana juya baya za su rabu, mai a sama, ruwa a ƙasa. Na daɗe ina ɓata kaya kafin wani dattijo mai shagon kayan haɗi, da muke ce wa Mai Tabarau, ya nuna mini wani farin abu ɓarya-ɓarya kamar ɓawon kifi. Mu kakin haɗi muke ce masa. Sunansa na jikin buhu gilisaril sitiyaret, sai da na yi ta maimaitawa kafin harshena ya yarda. Mai Tabarau ya ce rabin sunan na biyu daga wani tsohon yaren Turawa ya fito, kuma ma'anarsa kitse ne kawai, don daga kitse ake yin abin, na dabba ko na itace. Wanda yake sayarwa na man ja ne.

Ni ban yi karatu mai nisa ba, ka fi kowa sani, amma abin da aka yi mini bayani ina kallon tukunya ba ya fita kaina. Yadda na gane shi, ƙwayar kitse kamar mutum ne mai hannu uku, kowane hannu ya riƙe doguwar jela ta mai. Hannuwansa a cike suke, shi ya sa ba ya iya gaisawa da ruwa. Sai a dafa shi da wani ruwa mai danƙo da zaƙi da ake kira gilisarin har ya saki jela biyu. To yanzu yana da jela ɗaya da ke nutsewa cikin mai, da hannu biyu a sake da ke kama ruwa. Wannan shi ne kakin haɗin. Ana kuma ɗan surka masa sabulu kaɗan don ya ƙara riƙo. In ka zuba shi, sai ya tsaya tsakani ya riƙe kowa, kamar dattijon da ya shiga rabon faɗa ya kama rigar wannan ya kama wuyan hannun wancan. Amma yana da sharaɗi. Dole ruwan da man su yi zafi ɗaya kafin a haɗa, kuma ba a ajiye muciya har sai ya huce. Da idona na ga lokacin da abin ke juyawa, yana kamar ruwan wanki sai kawai ya yi fari fat ya kama jikinsa. Ranar da na fara samunsa Inna ta shafa a bayan hannunta, ta daɗe tana kallo, ta ce in ƙara turare kaɗan. Ka san Inna, wannan shi ne yabonta.

Yanzu ga abin da ya faru. Ranar da na kai Inna asibiti a duba mata hannu, layi ya riƙe mu har la'asar. Na bar wa Goggo aikin masu gyaran gashi na bakin titi, waɗanda su ne manyan masu sayenmu, na faɗa mata awon komai, ban lura kakin da ya rage a buhu ba zai isa ba. Da ta ga ya gaza, maimakon ta jira, sai ta tuna akwai kwalin kyandir a saman kabad. Ta ɗauko magogi ta goge su tas, ta zare lagwanin, ta zuba. Daga baya ta ce mini ai ta duba da kyau, wannan fari wancan fari, wannan yana narkewa wancan yana narkewa, ta ɗauka ma wayo Mai Tabarau yake mana yana sayar mana da kyandir da sunan Turanci. Ba ta san kama da wane ba ta wane ba. Kyandir daga man fetur ake samo shi, jela ce zalla, ba shi da hannu ko ɗaya. Da zafinsa ya yi kyau a ido, ta ɗura a kwalabe, ta kai musu da kanta tana murna ta hutar da ni.

Da rana ta buga kwalaben a kan kantarsu, sai kowa ya kama gabansa. Shugabar shagon ta buɗe ɗaya a kan wata mata da ta ci ado za ta fita, ruwa ya tsiyayo mata a wuya, guntayen kaki suka maƙale a gashi. Ta kwaso kwalaben a baho ta dire mana a ƙofar gida, ta faɗi abin da ba zan rubuta maka ba. Baffa yana zaune a benci ya ji komai. Tun ba yau ba yake cewa namiji da gemu ya zauna yana tuƙa man mata, kuma tun ba yau ba idonsa ke kan ɗakin nan. Shi ne ya kira ka ya ce na kawo sinadarin Bature na lalata sana'ar Inna, na jawo wa gida zagi. Zancen kyandir bai shiga bakinsa ba, alhali a gabansa Goggo ta faɗa tana kuka.

Kada ka kira Goggo ka yi mata faɗa, don Allah. Ta yi kwanaki ba ta cin abincin kirki, in ta hango ni sai ta ja mayafi ta rufe fuska. Taimako ta nufa. Na zaunar da ita, na narka kakin a cokali ɗaya, kyandir a wani, na ɗiga wa kowanne ruwan zafi na kaɗa da tsinke, ta ga yadda ɗaya ya koma kamar madara, ɗayan kuma ya tattare ya bar ruwa tsirara. Ta riƙe baki ta ce ashe shi ma kaki akwai ɗan halas akwai ɗan iska. Auta ta yi dariya har ta faɗi daga kan kujera, yanzu in wuta ta ɗauke sai ta tambayi Goggo ko ta rage mana na kunnawa.

Na je wurin masu gyaran gashin na ba su haƙuri. Ban roƙe su ba, na dai ajiye musu sabon haɗi na ce su gwada. Biyu sun dawo saye, shugabar ba ta dawo ba, kuma ban ga laifinta ba. Zan jira ta, jira ba ya ba ni wahala. Amma Yaya, ka duba mini. Inna ba ta iya riƙe muciya yanzu, amma kullum sai an kai mata kujera bakin ɗakin nan, tana shaƙar ƙamshi tana gyara mini, tana cewa wuta ta yi yawa. Wannan ne abin da ke fito da ita daga gado. In aka cika ɗakin da taya, ni kuma ina can ina buɗe wa motar wani ƙofa, me za ta tashi ta yi? Hannunka ba ya ruɓewa ka yanke ka yar, balle wannan hannun lafiyarsa ƙalau, ƙaya ce ta soke shi. Na faɗa wa Baffa haka cikin ladabi, ina durƙushe. Ya ce kaina ya yi ƙarfi. Na ce Allah Ya huci zuciyarsa, na tashi na kunna wuta.

Direban da zai ba ka wannan takarda zai ba ka kwalba ɗaya, haɗin hannuna. Kada ka yarda da ni, kada ka yarda da Baffa, gani ya kori ji. Ka ajiye ta a taga inda rana ta fi duka, ka bar ta har ka gaji. In ka ga ruwa ya kwanta a ƙasa ko da ɗigo ne, ka aiko, ni da kaina zan taya Baffa jidar tayoyi. In kuwa ta zauna daram, to kai za ka kira shi ka ce ya nemi wani wuri.

Ka gaida mini matarka da kyau, a ce mata kada ta buɗe kwalbar sai an gama shari'a, tata tana tafe. Ka shafa mini kan Baba Ƙarami da 'Yar Lele. Inna tana sa muku albarka, Auta tana gaisuwa, Goggo kuma ta ce a gaishe ka a hankali. Baffa ma lafiya lau, da safe na gaishe shi ya amsa da hanci.

Wassalam.

Ni ne ƙaninka,
wanda ke nan gaban tukunya.