Rubutun da Baba Ya Wanke Mini

Daren Alhamis, Gezawa

Lauyana ya kira: alƙali ya ɗage shari'ata da hukumar da ta hana ni jarrabawa sai bayan sallah, jarrabawar shiga karatun ƙwarewa kuwa jibi ce. Shi ke nan, ba zan zauna jarrabawar ba. Wai aikina a asibitin ƙauye ba ya cikin lissafi, tunda babu babban likita a kaina. To wa ya yarda ya zo? Ni kaɗai nake karɓar haihuwa da fitilar waya.

Baba bai sani ba. Bayan isha'i ya kawo mini rubutun sha a gora, yatsunsa duk tawada. Ya ce, "Likita, ki sha kafin ki shiga."

Na karɓa hannu biyu, na ce, "To, Baba."

Ga gorar nan a gefen katifa. Na kasa sha, na kasa zubarwa.