Mahaifina Ya Gaishe Ni Kamar Baƙuwa

Anti Jummai, assalamu alaikum. Don Allah ki taimaka mani da shawara, kuma ki sakaya sunana. Abin nan ya hana ni sakat, ko mijina na kasa gaya mawa.

Ni malama ce a wata firamare mai zaman kanta a nan Katsina. Mahaifina ɗan wasan kwaikwayo ne, amma ba na fim ba. Ƙungiya gare su mai yi wa yara da iyayensu wasa a makarantu da wuraren taro, da wannan sana'a ya rene mu. Tun ina ƙarama shi ke fitowa a Kunkuru. A ɗaura mashi ƙaton kwando a baya, a shafe mashi fuska da toka, ya yi ta rarrafe yana magana da siririyar murya. A unguwarmu ta Gobarau ba mai kiran sunana, ɗiyar Kunkuru ake ce mani. In an taso daga islamiyya, yara kan jeru bayana suna rarrafe. Na sha kuka ba kaɗan ba. Shi ya sa da na kama aiki aka tambaye ni, na ce babana tsohon ma'aikacin gwamnati ne.

Watan jiya, ranar bikin ba da kyaututtuka, shugabar makarantarmu ta gayyato masu wasa, ban san ko su wane ne ba. Ina tsaye da 'yan ajina sai ga motar su Baba ta shigo. Na lallaɓa bayan rumfa. Yara suna ta dariya har da faɗuwa, iyaye na ɗauka da waya. Wata abokiyar aikina ta raɗa mani, wai ko wannan tsoho ba ya da 'ya'yan da za su hana shi zubar da mutunci. Anti, na taya ta dariya.

Da aka gama, shugaba ta zaga da su su gaisa da malamai. Baba ya iso gabana jiƙe da gumi, kwandon na hannunsa, fuskarsa a washe, har ya buɗe baki zai kira ni da sunan da yake kirana a gida. Sai na duƙa na shiga gyara wa wani yaro hula. Ya ɗan tsaya. Daga nan ya gaishe ni da Malama, ya tambayi aiki da ɗalibai yadda ya yi wa kowa, ya wuce. Malam Salisu, abokin wasansa da ya san ni tun ina goye, ya bi ni da kallo.

Na je gida bayan nan, ya tarbe ni kamar kullum, ya tambayi jikokinsa, bai tayar da zancen ba. Da ma zagina ya yi. Yanzu makarantar ta sake kiransu ƙarshen zango, Inna, mahaifiyata, kuma ta ce Baba ya gaya wa Malam Salisu a nemi wani ya ɗauki kwandon, wai gwiwa ke damunsa. Alhali ranar Asabar ya yi wasa a Batagarawa. Ban iya haɗa ido da shi. Yaya zan yi?

Wata malama daga Ƙofar Sauri

Wa alaikis salam, 'yata.

Ba zan ce miki abin da kika yi ƙarami ba ne, ke ma kin sani. Amma ban ɗauke ki mara tarbiyya ba. Tsokanar da kika sha tana da ciwo, kuma har yau akwai masu raina ɗan wasa alhali sun fi kowa dariya a gabansa. Sai dai yanzu ke ba yarinya ba ce, kuma mahaifinki bai yi abin kunya ba. Halal yake nema, yana sa yara farin ciki.

Ki lura da abin da ya yi. Cikin ƙiftawar ido ya gane, ya rufa miki asiri a gaban mutane. Shirunsa ba ya nufin bai ji zafi ba.

Ki je ki same shi a wannan makon, ba ta waya ba, ba ta bakin Inna ba. Ki durƙusa ki faɗi laifin da sunansa, har dariyar da kika taya. Kada ki fara da labarin tsokanar yara, zai zama kamar shi kike ɗora wa. Bayan haka ki gaya wa shugabarku gaskiya a ofishinta, ita kuma abokiyar aikinki ki ba ta amsar tambayarta: tsohon yana da 'ya, ke ce. Za a yi gulma kwana biyu, ta wuce. Mijinki ma ya ji daga bakinki.

Zancen gwiwa kuwa, kada ki yanke cewa ƙarya ce. Dattijon da ya daɗe yana rarrafe zai iya jin ciwo, ki kai shi asibiti a duba. In lafiyarsa ƙalau, ki roƙe shi ya zo, amma kada ki matsa. Idan ya ƙi a wannan karon, haƙƙinsa ne, ki yi haƙuri. Idan ya zo, ba sai kin yi jawabi ba. Ki tare shi a bakin ƙofa, ki ce masa Baba yadda kowa zai ji.

Ki hanzarta tun yana da rai, da yawa daga cikinmu sai dai mu je kan kabari. Allah Ya sa ya yafe miki, Ya ƙara masa lafiya, Ya shirya miki naki 'ya'yan.

Anti Jummai