Kujerar Ɗakin Ɗibar Jini

Litinin, 3 ga Maris

Yau ma na kuskure jijiya. Sau uku a hannun mutum ɗaya, wani direba, jijiyoyinsa raɗa-raɗa, ko ido rufe ka laluba ka samu. Shekara ashirin da biyu ina ɗibar jini a asibitin nan, ni ake kira in an rasa jijiyar jariri, yau ga hannuna yana karkarwa a gaban ƙato. Madam, shugabar sashenmu, ta kira ni ofis. Ba ta yi faɗa ba, ni da faɗan ta yi da ya fi min. Ta ce in je likita ya duba hannun, in kuma abin bai daidaita ba zuwa ƙarshen wata, ɗakin kati za ta mayar da ni. Ni da ƙura da fayil.

Likita kam ba inda za ni. Babanmu da rawar hannu ya fara, ya ƙare ana ba shi abinci a baki. In shi ne, ban shirya ji ba. Tsoro nake ji, a nan dai zan iya faɗa.

Alhamis, 6 ga Maris

Malama maƙwabciyata ta shigo aron dutsen guga, ta tarar na ɓarar da rabin shayi a zanina. Tsohuwar malamar wasanni ce, ta ba sittin baya amma tana tafiya kamar an ɗaura mata sanda a gadon baya. Shekara biyu ina leƙenta ta tagar kicin, kullum da safe tana naɗe kanta a kan wata 'yar shimfiɗar roba. Ashe ta san ina leƙen. Ta ce sunan abin yoga, in zo ranar Asabar in gani kusa, wuyana ya huta.

Na tambaye ta kai tsaye ko wata bauta ce. Ta yi dariya har da riƙe ƙofa. Ta ce ita dai miƙa take yi da numfashi, ba ta kiran kowa, ba ta rusuna wa kowa. Ta kuma ce ba magani ba ne, kar in ɗora mata abin da ba ta ce ba. To in ba magani ba ne, mene ne? Abin da zai kai ni ke nan.

Asabar, 8 ga Maris

Na je, sanye da wandon motsa jikin Maigida, wanda shi kansa bai taɓa motsa komai a ciki ba. Ya bi ni da kallo ya ce Allah ya dawo da ni a haɗe.

Ta sa na tsaya da ƙafa ɗaya, wai tsayuwar bishiya. Bishiyata ta faɗa kan bokitin wanki. Abin mamaki, a kan ƙafar hagu ina kaiwa ƙirga goma, ta dama ko uku ba ta kaiwa. Shekara hamsin da ɗaya ina yawo da ƙafafun nan, ban san ɗaya ta fi ɗaya hankali ba. Me kuma ban sani ba?

Talata, 11 ga Maris

Har wuraren da ban san ina da su ba ciwo suke. Na kuskure mutum biyu.

Lahadi, 16 ga Maris

Kullum yanzu nake zuwa kafin aiki, minti ashirin. Yau ina cikin tsayuwar nan Malama ta matso ta sa kunne kusa da fuskata.

"Maman yara, wa kike ɓoye wa numfashin?"

Na ce wane numfashi. Ta ce da zarar abu ya yi min wuya sai in ɗauke shi cak, kafaɗuna su hau kunne, fuskata ta kumbura, sannan rawar ta biyo. Na musa. Ta ɗauko zare da allurar ɗinki ta ce in zura. Wallahi sai da zaren ya shiga na ji na sauke wata doguwar ajiyar zuciya. Kunya ta kama ni, sai kuma abin ya ba ni sha'awa. Tun yaushe nake haka?

Laraba, 19 ga Maris

Na gano. A makaranta ne. Malamin da ya koya mana ɗibar jini yakan tsaya a bayanmu ya ce kar wadda ta kuskura ta yi numfashi sai allura ta shiga, wai numfashi yana motsa hannu. Da ƙuruciya kafin ka ƙifta ido na soke, riƙewar ba ta komai. Yanzu ido ya rage, lalube ya yi tsawo, ni kuma ina nan a ƙame kamar mai nutso.

Yini na yi ina satar kallon Doguwa, abokiyar aikina. Ajinmu ɗaya da ita, kuma tun daga can muke gasa, ba ta taɓa yarda na fi ta hannu ba. Ita ma ɗaukewa take yi, har jijiyar wuyanta ta tashi. Ta kama ni ina kallo ta ce lafiya, ko wani abu ne ya maƙale mata a fuska. Ban gaya mata ba. Mugunta ce, na sani.

Na gwada soke allura ina sakin numfashi a hankali. Baƙon abu, kamar rubutu da hagu. Amma ta shiga.

Asabar, 22 ga Maris

A ƙarshen darasin Malama akan kwanta rigingine ba motsi, minti biyar. Da ina ganin wannan ne kawai ɓangaren da na iya. Yau ina kwance sai ga Babanmu ya faɗo min a rai, da cokalinsa yana ƙwanƙwasa kwano, mu kuma muna yi kamar ba ma ji. Hawaye har cikin kunnena. Malama ta shiga ciki ta ɗora ruwan zafi. Da zan tafi ta ce numfashi nawa ne na kaina, in riƙe kayana, amma sanin abin da ke hannun sai masu sani. Na ce na ji. Haushinta na ji, don gaskiya ta faɗa.

Alhamis, 27 ga Maris

Madam ta zo ta tsaya a ƙofa da fayil, wai wucewa take. Mutum goma sha biyar, ɗaya na kuskure. Na ce masa ya yi haƙuri, na sake, ta shiga. Da can sai in ce jijiyarsa ce ke gudu.

Sai dai da na ɗauki kofi a ɗakin hutu, yana ta kaɗawa. Ya ragu, bai tafi ba. Na zauna ina kallon hannun kamar na wata. Ban tsane shi ba yau, so nake kawai in san me yake nufi.

Litinin, 31 ga Maris

Madam ta ce ta ƙara min wata guda a kujerata, daga nan mu gani. Ban yi murna sosai ba, ban kuma yi gardama ba.

Da aka tashi na bi ta wurin likita. Ba wai na je ba ne, hanya ce ta biyo. Ya sa na miƙa hannu, ya ɗora takarda a kai, ya yi tambayoyi. Ya ce abubuwa da yawa kan kawo wannan, ba lallai irin na Babanmu ba, sai an auna jini. Ya miƙo min 'yar takardar da nake karɓa a hannun mutane kullum.

Doguwa kaɗai ta rage a ɗakin ɗibar jini. Ta karanta sunan, ta ɗago, ta sake karantawa. Na ɗauka za ta yi tsiya. Ba ta yi ba, kujerar marasa lafiya kawai ta jawo min. Ashe kujerar sanyi gare ta haka, kuma ƙafarta ɗaya tana rawa, ba wanda ya taɓa gaya mana. Ta ɗaure min dantse, ta goga auduga, ta laluba. Sai na ji ɗakin ya yi tsit, na ga jijiyar wuyanta ta tashi.

"Saki numfashin, 'yar uwa. Ba gudu zan yi ba."

Ta harare ni, ta saki, allura ta shiga. Na kalli jinina yana hawa kwalba, ban kau da kai ba.

Sakamako sai Alhamis. Gobe shida da rabi, na ce wa Malama ƙafar dama za mu fara.