Garar Mero da Duron Tarfentin

Gwaggo Hansai, don Allah ki taimake ni da shawara. Duk wanda na kai wa kukana sai ya fara da dariya, ke ma na san za ki yi. Ki yi abinki, amma ki karanta har ƙarshe.

Maigidana ma'aikacin gwamnati ne, mutumin kirki, bai taɓa ɗaga mini murya ba. Ciwonsa ɗaya, rediyo da jaridun waje da yake arowa a ofis. Tun da Naira ta faɗi, kayan waje suka yi tashin gwauron zabo, ya ce albashi ya daina riƙe gida. Bara bayan ƙaramar salla sai ga a-kori-kura a ƙofar gidanmu da duro uku. Biyu tarfentin ne, ruwan nan da masu fenti ke tsinka fenti da shi, ɗayan kuma man fayin, wanda ake haɗa maganin wanke bene da shi a asibiti. Ya zaunar da ni ya yi mini lacca: wai daga jikin wani itace ake tatsarsu a can ƙasar Sin da Fotugal, jirgin ruwa ke kawo su Legas, kuma duk ranar da dala ta hau, su ma sun hau. Wai in ya ɗan riƙe su, ribar ce za ta yi wa 'yarmu kayan ɗaki. Na ce Allah ya sa albarka.

To, gidanmu na gwamnati ne a Malali, sito ɗaya gare mu, manne da kicin. A nan nake tara kayan garar 'yata ta biyu, bari in kira ta Mero. Fulawa, alkama, shinkafar nakiya, sukari, duk da adashi na haɗa su. A nan ya jera duronsa. Kuma da ya bar su a rufe da sauƙi. Ina! Kowace Juma'a in ya dawo masallaci sai ya kwance murfi ya zura sanda ya ga ko sun ragu, ya shinshina, ya gyaɗa kai kamar mai duba jariri.

Gwaggo, warin nan ya mai da gidanmu asibiti. Surukata ta zo daga Zariya, tun daga bakin ƙofa ta hau salati tana tambayar wa aka kwantar. Gaskiya dai sauro da kyankyaso sun yi mana ƙaura, wannan ba zan ci haƙƙinsa ba. Amma watan jiya maƙwabciyata ta haihu, na ɗebi fulawar na soya mata dubulan na suna. Ni da ake layi a unguwa saboda dubulan ɗina! Ina kallo mata suka gatsa, suka yi murmushi, suka ƙulle sauran a gefen mayafi. Da na ɗanɗana sai da na zauna. Wallahi kamar na lashi benen asibiti. Na koma gida na yi kuka.

Na gaya masa. Ya ce hancina ne, shi ba ya jin komai. Idi mai fenti ya zo har gida ya taya kayan da daraja, maigida da bakinsa ya ce akwai riba mai kauri, amma ya hana, wai ya ji a rediyo ruwan sama ya ɓata wa masu tatsa aiki a Sin, farashi bai gama hawa ba. Ni ina ruwana da damunar Sin? Biki bayan babbar salla ne, kuma gwaggwannin angon nan na Badarawa ba a kai musu gara su bar ta ba su ɗanɗana a gaban jama'a ba. Ina tsoron yarinya ta shiga gidan miji da sunan da zai bi ta har tsufa.

Mako mai zuwa za a tura shi kwas Legas. Idi ya ce in na ɗaga yatsa zai zo da mota. In sayar kafin ya dawo, in ajiye masa kuɗinsa cif? Zuciyata na ce mini in yi, tana kuma ce mini kul.

Uwar amarya, Malali.

*

Uwar amarya, na yi dariyar, Allah ya yafe mini, amma damuwarki ta gaske ce.

Kada ki kira Idi. Kayan ba naki ba ne, kuma ko da ribar ta cika masa aljihu, abin da zai riƙe shi ne an jira ya ba da baya. Za ki fitar da wari daga sito ki shigo da wanda ya fi shi daɗewa. Ki kuma yi masa adalci: ba caca ya yi ba, uba ne da ya ga albashi na narkewa ya nema wa 'yarsa mafita, kuma hasashensa ya yi daidai. Ki fara faɗa masa haka, maza na son ji.

Amma akwai abin da rediyo bai gaya masa ba. Na tambayi wani mai shagon fenti a babbar kasuwa. Ya ce tarfentin na kama wuta da wuri, ajiye shi kusa da risho ganganci ne. Ya ce yawan buɗe shi na sa ya tsere a iska, sauran ya yi kauri ya rage daraja. Farashi kuma ba hawa kaɗai ya iya ba, jirgi ɗaya ya sauke kaya a Legas sai ya sauko. Saboda haka yau ɗin nan, tun kafin kowace magana, ki kwashe kayan gara zuwa ɗakinki, ki janye rishon kicin daga jikin bangon siton.

Fulawar da ta sha wari kuwa ta tafi, kada ki kai ta gidan kowa. Amma ki rage kofi ɗaya. Kafin ya tafi Legas, ki soya dubulan 'yan kaɗan, ki gayyato yayansa ko amininsa da yake jin nauyi, ki ajiye musu da shayi, ki koma gefe. Hancinsa ya saba, na baƙo bai saba ba. In baƙo ya tafi, ki tambaye shi cikin ladabi ko wannan za a kai Badarawa. Ki tuna masa ba a cewa garar uwar wance, garar gidan Malam wane ake cewa. Daga nan ki ba shi zaɓi da zai fita da girmansa: ko ya sayar yanzu yana kan riba, ko ya sayar da biyu ya kai ɗayan shagon Idi ajiya, ya ci gaba da sauraron damunar Sin daga nesa. Ko wanne ya ɗauka, sabon buhun fulawa a wuyansa yake.

Allah ya sa a yi biki lafiya, ya ba Mero zaman lafiya da zuri'a ɗayyiba. In an soya na gaske a aiko mini da nawa, amma wanda bai taɓa kwana ɗaki ɗaya da duro ba.

Gwaggo Hansai.